Mustafa Alasan Na Tawa, Bakaniken Da Ya Haɗa Kyamara Da Alƙalami

Daga wata malamar makaranta, Birnin Kudu

 

Yau labarin wani namiji na kawo muku, kuma ba ma ɗan ƙasarmu ba ne, mutumin Jamhuriyar Nijar ne. Na san wata za ta ce, to me ya kawo namiji filin mata? Ku yi mini haƙuri tukuna ku ji mafarin zancen.

A hutun da ya wuce na je Gwaram bikin 'yar kawunmu. Dangin ango sun ɗauko mai ɗaukar hoto tun daga birni, da babbar kyamararsa da fitilunsa, an kuwa biya shi kuɗi ba kaɗan ba. Amma ranar sa lalle da ranar kamu tsofaffin gidan suka ce faufau, ba namijin da zai wuce zaure. Gaskiyarsu kuwa, domin mata ne cike da tsakar gida, wasu ko mayafi babu. Bawan Allah nan ya wuni a ƙofar gida yana ɗaukar motoci da manyan riguna. Sai 'yar wana, yarinya 'yar shekara goma sha biyar, ta ari wayar uwarta ta shige cikin mata. Ba wanda ya kula da ita.

Da dare muka taru a ɗakin uwar amarya muna kallon abin da ta ɗauko, ɗaki ya yi tsit. Ga hannuwan kakar amarya, duk jijiya, suna ƙunsa wa jikarta lalle a ƙafa. Ga tukwane a kan murhu, hayaƙi yana ratsa hasken hantsi. Ga uwar amarya ta juya baya tana share ido da bakin zanenta, tana tsammani ba mai ganinta. Ashe har tabarmar amarya yarinyar ta sa aka jawo kusa da ƙofa don haske ya sauka a fuskarta. Abin da ya fi ba ni mamaki wata takarda ce da na gani a hannunta, daga bayan littafin lissafinta ta yago ta. Tun kafin a fara ta jera abubuwan da take so ta ɗauka: hannun Iya, tukwane, ƙawaye in sun ɓoye amarya, fuskar Inna in an zo tafiya. Na ce, "Ke, wa ya koya miki wannan?" Ta ce, "Gwaggo, ba kowa. Ai in ban rubuta ba, sai abin ya wuce ina can ina kallon wani."

Sa'an nan ta yi suɓul da baka ta ce ita wannan aikin take so ta koya in ta gama makaranta. Nan take uwarta ta fizge wayar, ta dube ni ta ce, "Malama, kin dai ji da kunnenki. Ni 'yata ba za ta zama 'yar fim ba. Kada ki ɗaure mata gindi." Na ce, "Yaya, ki yi haƙuri, ba a nan za mu yi wannan magana ba." Ban ƙara ba, don cikin mutane ne, kuma matar wana ce, tana gaba da ni. Amma na san ana karanta mata wannan fili, saboda haka ga amsata gare ta, ita da duk uwar da ke da irin tsoronta.

Mu a nan, in an ce fim, ba abin da ke zo mana a rai sai fuskokin nan da muke gani suna rawa da waƙa. Mukan manta cewa kowane hoto da ya bayyana, akwai wanda ya tsaya a bayan kyamara ya zaɓi abin da za mu gani, da inda haske zai faɗa, da abin da za a bari a duhu. Kafin shi kuma akwai wanda ya zauna da alƙalami ya tsara labarin. Galibi mutum biyu ne. Amma akan sami wanda Allah ya haɗa masa duka biyun, a cikin irin waɗannan kuwa ban ga wanda labarinsa ya kai na Mustafa Alasan daɗin ji ba. A rubutun mutanen Nijar Moustapha Alassane ake rubuta sunan.

An haife shi a 1942. Iyayenmu da kakanninmu na Birnin Kudu da Gwaram suna ba mu labarin majigi, watau motar gwamnati da kan zo a kafa farin ƙyalle da dare a nuna wa jama'a irin su Baban Larai, mai koyar da noman auduga. Shi Mustafa bai jira motar kowa ba. Tun yana yaro ya ƙago nasa majigin, da akwati da fitila da siffofin da yakan yanka da hannunsa. Yana motsa su inuwarsu tana wasa, mutanen unguwa suna taruwa kallo. Watau tun bai san akwai wata sana'a wai ita fim ba, ya riga ya gane sirrinta, haske da inuwa da labari.

Da ya tasa sai ya koyi kanikanci. Wannan kuwa ya yi masa rana daga baya, domin mai kyamara a ƙasar da ba a sayar da kayan gyaranta, in bai iya kwance ta ya ɗaura ba, ranar da ta tsaya aikinsa ya tsaya. Iya zanensa shi ya kai shi aiki a gidan adana kayan tarihi na Yamai. A Yamai ɗin ne ya haɗu da wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch, wanda ya zo Nijar a 1941 yana injiniya, daga baya ya koma ɗaukar fina-finan al'adun mutanen bakin Kogin Kwara. A wurinsa Mustafa ya fara riƙe kyamara ta gaske.

Bari in ɗan tsaya a nan in bayyana muku yadda aikin yake a lokacin, domin sai an san wannan za a gane dalilin da ya sa mai kyamara ya zama tilas ya iya rubutu. Yanzu yarinya takan danna waya ta ɗauki awa guda, in bai yi ba ta goge. A wancan zamani babu haka. Fim abu ne mai kama da ɗan siririn tef, faɗinsa milimita 16, a naɗe yake zuwa, kuma da tsada. Ƙaramin naɗi mai tsawon ƙafa 100 ba ya cika minti uku. Kyamara tana ɗaukar hoto 24 a kowane sakan ɗaya, saurin wucewarsu ne ke sa ido ya ga kamar motsi. Da yawa daga cikin ƙananan kyamarorin lokacin wani ake yi musu kamar agogo, ba su kai rabin minti sai su tsaya a sake. Bayan duk wannan, mai ɗauka ba ya ganin abin da ya ɗauka, sai an aika Faransa an wanko, makonni su wuce. In ashe rana ta yi yawa fuskoki sun ƙone, ko inuwa ta rufe su, shi ke nan, kuɗi sun tafi, mutanen da aka tara kuma sun watse. Saboda haka kafin a danna, lalle mutum ya riga ya ga fim ɗin duka a zuciyarsa, ya rubuta shi hoto bayan hoto: wa zai shigo, ta ina, rana tana wane gefe. Takardar nan da 'yar wana ta yago daga littafin lissafi, ita ce dai wannan.

A 1962, shekara biyu da samun mulkin kan Nijar, yana ɗan shekara ashirin, ya fito da fim ɗinsa na fari. Kun san sunansa? Aure. Kalmarmu ce ta Hausa, su suna rubuta ta Aouré. Labarin saurayi da budurwa ne a wani ƙauyen Zabarmawa a bakin kogi, tun daga haɗuwarsu har zuwa biki, wajen rabin awa. Masana tarihin fim suna lissafa shi cikin na farkon farko da baƙar fata ya shirya a ƙasarsa da mutanensa, har ya riga Borom Sarret na Usman Samben ɗan Senegal, wanda ya fito a 1963. Ku duba fa, abin da ya fara ɗora wa kyamara ido shi ne biki, daidai abin da yarinyarmu ta fara da shi a Gwaram.

A shekarar nan dai ya yi wani, Zoben Sarki Koda. Ni na mai da sunayen Hausa, asalinsu da Faransanci suke. Wani azzalumin sarki ne ya ba masunci ajiyar zobe, a kan in ya ɓata a bakin ransa. Ya zagaya ta wajen matar masuncin ya karɓe zoben ya jefa a kogi, sai ga shi masunci ya tsinci abinsa a cikin kifi. Wadda ta taɓa kwana a ɗakin kakarta ta san ɗan'uwan wannan labari, shi ne namu na Ba Sarki Sai Allah. Haka ya riƙa yi duk rayuwarsa, ba ya zuwa nesa neman labari. A 1969 ma wani mai ba da tatsuniya da Hausa, Albarka Cibau, ya ɗauka yana ba da labarin wata mace mai suna Dila, ya shirya fim a kai. A 1973 ya ƙetaro Nijeriya ya ɗauki naɗin sarautar Yarabawa a garin Shaki.

Daga Yamai ya sami tafiya Kanada, hukumar fina-finan ƙasar da ke Montreal, inda ya koyi zane mai motsi, wanda yara ke kira katun, a wurin gwanin wannan fanni Norman McLaren. Daga nan kwaɗi suka shiga aikinsa, ba su kuma fita ba har ya tsufa. Mutuwar Ganji, na 1965, a fadar sarkin kwaɗi aka yi shi, ya kuma ci kyauta a bikin al'adun baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar a 1966. Sai Bon Voyage Sim, watau Sauka Lafiya Sim, na 1966, inda shugaban ƙasar kwaɗi ya tafi ziyarar aiki maƙwabciyar ƙasa, ga jirgin sama, ga fareti, ga 'yan rakiya, kowa yana kumbura wuya. Minti biyar ne kacal. 'Yan makaranta, ga lissafi: minti biyar sakan 300 ne, in ma zane 12 kawai aka yi wa kowane sakan, zane nawa ke nan? Dubu uku da ɗari shida, kowanne da hannu, kowanne a ɗora shi gaban kyamara a ɗauka a ɗauke. A shekarar da sojoji suka kifar da gwamnati a Nijeriya da Gana da ƙasar da yanzu ake kira Burkina Faso, shi ya sa kwaɗo ya faɗi abin da mutum ba ya iya faɗa wa masu mulki. Dabarar Gizo ce dai ta tatsuniyoyinmu.

Amma fim ɗin da ya fi fito da sunansa shi ne Le Retour d'un aventurier, Komowar Ɗan Yawon Duniya, shi ma na 1966, minti 34. Shi ya rubuta, shi ya ba da umarni, shi ya riƙe kyamara. A lokacin fina-finan kaboyi na Amurka sun cika gidajen silima na Afirka ta Yamma, har da irin su Rex da Palace na Kano, samari ba su da zance sai na bindiga da doki. Sai Mustafa ya rubuta labarin wani saurayi, Jimi, da ya komo ƙauyensu daga Amurka da akwati cike da tsarabar kayan kaboyi, malafuna da takalma da bindigogi, ya raba wa abokansa. Kowa ya yar da sunan da ubansa ya raɗa masa ya ɗauki na Bature. Wasa wasa suka koma sata da caca da dukan mutane, suka raina dattawan gari, daga ƙarshe rikici ya ɓarke a tsakaninsu su kansu. Mutane suna kallo suna dariya, amma maganar da ke ciki ba ta dariya ba ce. Yana cewa ne abin da yaro ke kallo shi yake zama. Na tabbata Yaya za ta ce, ai abin da nake faɗa ke nan! Haka ne. Sai dai wanda ya fara yin wannan gargaɗi shekara kusan sittin da suka wuce, da kyamara ya yi shi, kuma ya fi shiga kunne.

A cikin fim ɗin nan akwai mace guda a ƙungiyar, wata budurwa 'yar Yamai mai suna Zalika Sule, an haife ta a 1947. Ita ce ta zama fitacciyar 'yar wasan fim ta farko a Nijar, kuma ba zan ɓoye muku abin da ya same ta ba, domin a nan tsoron iyaye yake da tushe. An yi ta ba ta matsayin muguwar mace. A fim ɗin Umaru Ganda mai suna Le Wazzou polygame, wanda ya ci babbar kyautar bikin fina-finan Afirka na Wagadugu a 1972, ita ce kishiyar da kishi ya kai ta ga kisa. 'Yan kallo suka kasa raba wasa da gaskiya, suka ɗauka halinta ke nan, ta sha zagi da tsangwama. Da harkar fim ta durƙushe a Nijar sai ta koma zaman talauci da 'ya'yanta, har ta kai ga tafiya ƙasar waje aikatau. Wata 'yar ƙasarsu, Rahmatu Keita, ta yi fim a kan rayuwarta a 2004. Ta rasu a 2021, Allah ya jiƙanta.

Ni ban ga laifin Zalika ba. Abin da nake tambaya shi ne, wa ya rubuta mata waɗannan matsayi? Wa ya tsaya bayan kyamara ya zaɓi yadda za a nuna ta? Maza ne duka. Ko shi Mustafa, da duk girman da nake ba shi, ban sake masa a nan ba. Babban fim ɗinsa na 1972, wanda aka fi sani da haruffa huɗu, FVVA, ma'anarsu Mace, Gida, Mota, Kuɗi, labarin wani ƙaramin ma'aikaci ne, Ali, da iyayensa suka yi masa auren da bai so ba. Ya shiga neman burga da ƙarin mata, albashi ya kasa, ya sa hannu a kuɗin da ba nasa ba, aka ɗaure shi. Kowa ya gudu, sai uwargidan nan da ya raina ita ta tsaya tana jiransa. Fim ne mai kyau, ya ci kyauta a Wagadugu, kuma har gobe akwai irin Ali a kowace sakatariya. Amma matan aure, ku gaya mini, sa'ad da Ali yake kurkuku me uwargida take dafa wa yara? Wa ta je wa rance ya hana ta? Me dangin miji suka ce mata? Labarin na Ali ne, ita haƙurinta kawai aka nuna. Da mace ce ta riƙe alƙalamin, na rantse da a ɗakin uwargida za a kafa kyamara.

Bayan wannan ya yi Tula tare da wata Bajamushiya, Anna Soehring, daga labarin Bubu Hama, marubucin nan da ya daɗe yana shugabancin majalisar dokokin Nijar. Labarin fari ne, da sarkin da aka ce sai ya ba da yarinya ta jininsa ga macijin ruwa kafin a sami ruwa. An yi shi daidai lokacin babban farin nan na 1973, wanda tsofaffinmu na nan ma ba su manta da shi ba. A 1977 ya yi Samba Mai Girma da 'yan tsana, masu launi. Ya kuma shugabanci sashen fim na Jami'ar Yamai har shekara 15, bakaniken nan dai da ya fara da akwati da fitila.

Da kuɗin shirya fim suka ƙafe a Nijar, abokan aikinsa da yawa suka ajiye. Shi sai ya koma Tawa, cikin ƙasar Adar, ya zauna tsakiyar Hausawa. Ya buɗe masaukin baƙi yana ci da shi, ya mai da wasu ɗakunan wurin aiki, ya ci gaba da ɗinka 'yan tsanarsa yana ɗaukarsu. Daga cikin aikinsa na 'yan tsana akwai Kokowa, wani sunan Hausa kuma. Kun san yadda mutanen Nijar suke ji da kokowa da gasar takobi. To shi kwaɗi ya sa a fage, da hawainiya da tsuntsu, ƙaguwa tana alƙalanci. Da kwamfuta ta zo, yana dattijo, bai ce ta yara ce ba, ya zauna ya koyi zane da ita. Faransa ta ba shi lambar girma a bikin fina-finai na Kan a 2007. Ya rasu a Wagadugu ran 17 ga Maris, 2015, ya bar fina-finai wajen talatin. A 2017 babban gidan adana zane-zanen zamani na birnin Niyok ya keɓe kwanaki ana nuna aikinsa. Abin kunya, Amurkawa sun san shi, mu da muke maƙwabta, muke jin sunayen fina-finansa ba tafinta, ba mu san shi ba.

To, Yaya za ta ce, ai shi namiji ne. Gaskiya ne, amma hanyar da su Mustafa suka share mata sun bi ta. Mariyama Hima, haifaffiyar Yamai a 1951, ita ce mace ta farko da ta shirya fim a Nijar. Na farkonta, a 1984, sunansa Babu Banza, a kan masu sana'ar mai da tsofaffin tayoyin mota abin amfani. Ba rawa ba waƙa, hannuwan masu aiki kawai. Ta yi digirin dakta a Faransa, daga baya har ta zama jakadiyar Nijar a can. Ga kuma A'isha Maki ta Damagaram, haifaffiyar 1982. A 2016 ta fito da fim mai suna Bishiyar Da Ba Ta 'Ya'ya, a kan matan da Allah bai ba haihuwa ba, ita kanta tana cikinsu, mahaifiyarta kuma wajen haihuwa ta rasu. Mata suka zauna suka gaya mata gorin da suke sha a gidan miji, abin da ba su taɓa faɗa wa kowa ba. Wane namiji za a buɗe wa wannan ɗaki? Wace matar aure za ta yi kuka a gabansa ta ce ɗauka?

Wannan shi ne abin da na gani a Gwaram. Rabin rayuwar ƙasar nan a bayan zaure take, inda mai babbar kyamara ba ya shiga. Suna, kamu, walima, saukar karatu a Islamiyya ta matan aure, duk ana bukatar mai ɗauka, kuma an fi son mace. Sana'a ce da yarinya za ta yi da hijabinta, ba mai ganin fuskarta, matar aure ma za ta iya yi cikin 'yan'uwanta mata da yardar maigida, kamar yadda ake kitso da ƙunshi da ɗinki. Har ila yau akwai abin da ya fi kuɗin. Tsofaffinmu masu kaɗi da saƙar faifai da waƙar niƙa suna ta tafiya da abin da suka sani, ba wanda ya ajiye ko muryarsu.

Ku kuma 'yan mata, kada ku ji na goyi bayanku ku ɗauka danna waya shi ne aikin. Wadda ba ta iya rubuta shafi guda mai ma'ana da Hausa ko Turanci ba, ba za ta iya tsara fim ba, saboda haka darasin insha'i da kuke gudu shi ne matakin farko. Ki rubuta abin da za ki ɗauka tukuna. Ki sa rana a bayanki ko a gefenki, kada ta kasance a bayan wadda kike ɗauka, in ba haka ba fuskarta za ta yi baƙi ƙirin. Hantsi da la'asar sun fi tsakar rana. Ki manne gwiwar hannunki a jiki don kada hoto ya yi rawa, ki matsa kusa maimakon ki jawo daga nesa, ki bar kowane hoto ya ɗan jima kafin ki kau da shi. Wanda ya fi duka nauyi kuma, amana. An bar ki kin shiga ne don ke 'yar gida ce. Hoton matar wani ba mayafi, ko na amarya tana kuka, in ya fita daga wayarki ya shiga Facebook ko TikTok ba da izininta ba, kin ci amana, kina iya kashe aure, kin kuma rufe ƙofa ga duk yarinyar da za ta zo bayanki. A kan wannan ina tare da Yaya ɗari bisa ɗari.

Wadda ta yi nisa tana so ta yi karatun abin sosai, akwai makarantar koyon aikin fim ta ƙasa a Jos, a ƙarƙashin Hukumar Fina-finai ta Nijeriya da aka kafa a 1979, akwai kuma fannin aikin jarida da sadarwa a Jami'ar Bayero ta Kano. Ko'ina sai da sakamakon sakandare mai kyau. Mu ma Arewa muna da namu magabatan, irin su marigayi Adamu Halilu, wanda ya mai da littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa fim a 1976, tun kafin Turmin Danya ya buɗe kasuwar fina-finan Hausa a Kano a 1990. Labarinsa sai wani jiƙon.

Mu mutanen Birnin Kudu ma bai kamata hoto ya zama baƙonmu ba. Ga Dutsen Habude da Dutsen Mesa nan a bayan gari, da zanen shanu a jikinsu tun zamanin da ba wanda ya san masu yin, har gwamnatin tarayya ta sa su cikin kayan tarihin ƙasa. Na taɓa kai 'yan ajina, da yawansu a garin aka haife su amma ran nan suka fara gani. Na ba 'yar wana labarin, sai ga wasiƙarta makon jiya ta hannun wani direba. Wai in hutu ya zo tana so ta zo ta ɗauki duwatsun, da tsohuwa guda wadda za ta faɗi abin da ta ji daga kakanninta a kansu. Ta tambaye ni ƙarfe nawa rana take haska zanen, don ta san lokacin da za mu fita. Na kasa amsawa, sai da na koma na duba.

Na aika mata da sabon littafin rubutu mai shafi sittin, don ta bar yage na lissafi. Uwarta ba ta ce i ba har yanzu. Amma an gaya mini ta mayar mata da wayar ranar sunan maƙwabta, ta ce ta ɗauko mata fuskar jaririn da kyau. Yaya, in an karanta miki wannan, ina nan tafe ranar kasuwa mu ƙarasa maganar a ɗakinki. Sauran iyaye kuma masu irin wannan yarinya a gida, ku rubuto mana ra'ayinku. Sai wani makon.